Mai Kawo Shayi da Nas Mai Auna Tsufa

Na daɗe ina aikin kula da tsofaffi a birnin New York, kuma na ga iri-iri. Na yi wanda yake ɓoye burodi a cikin safa, na yi wadda take zargina da satar haƙoranta alhali suna cikin bakinta. Amma wadda ta fi zauna min a rai wata Baturiya ce da ta doshi casa'in, wadda kamfaninmu ya tura ni gidanta a wani tsohon bene da ke yammacin Manhattan. Mama nake ce mata, kamar yadda nake ce wa duk tsohuwar da na riƙe. Ita kuma yarinya take ce min, ni da nake da jikoki a Kano.

Ranar da na fara zuwa ita ta buɗe min ƙofa da kanta, ta sha hoda da janbaki. Ta zaunar da ni a kujerar da ta fi laushi, ta shige kicin. Can sai ga ta da tire, kofin shayi yana ta karkarwa a kai. Na miƙe na ce haba Mama, ai ni aka turo in yi miki hidima. Ta ce in koma in zauna, ɗaukar tire ba ni zan koya mata ba, da shi ta ci abinci shekara da shekaru. Na ɗauka a otal ta yi aiki. Ashe a fim ne.

Bayan an gama yaƙin duniya na biyu ta shigo birnin tana budurwa, da akwati ɗaya da burin zama jaruma. Jaruma dai ba ta zama ba. Abin da ta zama shi ne matar nan da take shigowa da tire, ta ce ga shayi, ta juya ta fita. In ba ita ce 'yar aiki ba, to ita ce sakatariyar da take cewa maigida ba ya nan, ko nas ɗin da take leƙowa ta ce lokacin ziyara ya ƙare, ko mai haɗa layin tarho, ko ƙawar jaruma wadda ake zazzage wa sirri tana gyaɗa kai. Da talabijin ta yi ƙarfi sai ta koma can, a zamanin da ake yin wasan kai tsaye, in mutum ya yi tuntuɓe duk ƙasar ta gani.

Akwai wata tasha da take nuna tsofaffin finafinai marasa kala da rana. In aka sa wanda take ciki sai ta ƙwala min kira, ta ce in zauna kuma kar in ƙifta ido. Sau da yawa na tashi ɗauko ruwa, kafin in dawo har ta shiga ta fita. Wata rana ma bayanta kawai aka nuna da gefen kunne ɗaya, amma tana zaune tana murmushi kamar wadda aka ba kujerar Makka. Ni kuwa na riga na baza wa 'yan gida cewa jarumar fim nake kula da ita, har 'yata ta ce in turo hoto. Na ɗauki hoton talabijin na tura mata. Ta bugo tana tambaya wacce ce a ciki, mai kukan ko mai lallashin? Na ce mai riƙe da ƙofar. Ba ta sake tayar da zancen ba.

Abin ya ba ni haushi a madadinta. Ni da na tashi da kallon finafinan Indiya, na san wadda ta sha wahala ita ake ba wa saurayin a ƙarshe. Na tambaye ta, duk shekarun nan ko sau ɗaya ba a bari kin auri mutumin ba? Ta ce sau ɗaya an ba ta miji, amma kafin a fara fim ɗin ya riga ya mutu, hotonsa kawai ta riƙe. Ta kuma ce kar in ɓata tausayina. Kyawawan da ake ba wa saurayin, da fuska ta fara yamutsewa ake daina kiransu, 'yar aiki kuwa an yarda ta tsufa. Ta yi 'yar aiki budurwa, ta yi magidanciya, ta yi tsohuwa mai mita, duk tana nan da tirenta ana ta canza mata uwargijiya.

A hankali na gane sana'ar ta bar mata halaye biyu da ba sa fita. Na farko, ba ta nuna ciwo a gaban baƙo. Akwai tabo a tafin hannunta na dama, ta ce a wani wasan kai tsaye ne aka miƙa mata butar shayi ta ƙarfe da aka manta a kan wuta. Ta riƙe ta ta ratsa ɗaki, ta zuba wa mutum uku, ta faɗi maganarta, sai da ta fita bayan labule ta saki butar. Na ce wallahi da ni ce da duk Amurka ta ji ihuna. Ta ce shi ya sa ba a kira ni ba.

Na biyu, duk wanda ya shigo ɗaki, fagen nasa ne. Ta ce aikinta shi ne ta ba kyamara ƙeya domin haske ya sauka a fuskar jaruma, ta jefa mata tambayar da za ta buɗe mata baki, sannan ta saurara, kuma sauraron nan shi ne ainihin aikin. Haka take yi wa kowa. Mai gyaran famfo ya shigo gyaran famfo, ya fita ya gama ba ta labarin rabuwarsa da matarsa. Ni kaina, da ba na son a san cikina, ban yi nisa a gidan ba na tsinci kaina ina ba ta labarin rasuwar mijina, da yadda danginsa suka yi da ni, ina sharar hawaye da gefen mayafi. Ita ko sunan garin da aka haife ta ban sani ba a lokacin.

Ba ta da miji, ba ta da ɗa. Danginta da ya rage ɗan ƙanenta ne, yana wata jiha mai nisa, mutumin kirki amma fargaba ta gajiyar da shi. Gidan kuwa tun ƙuruciyarta take cikinsa. Ta san ƙarar kowane bututu, ta san wane katako ne yake kuka in an taka, kuma idonta da ya yi rauni ba ya hana ta zuwa ko'ina a ciki domin ƙafarta ta haddace. Inshorarta rabin yini kawai take biya, ina tashi bayan azahar, daga nan sai ita kaɗai har gari ya waye. Jiki kuma ya fara ƙi. Ta faɗi a banɗaki, ta bar tukunya a kan wuta har ta ƙone, na fara sa mata kunzugun manya muna yi kamar ba mu san da shi ba. Ɗan ƙanen ya bugo ya faɗa mana gaskiya: ko dai inshora ta yarda da kulawar yini guda har da mai kwana, ko kuma ya kai ta gidan tsofaffi. Da ya ajiye waya ba ta yi kuka ba. Ta dai zauna tana shafa hannun kujerarta, ta ce ita ba ta san hanyar banɗaki a wani gida ba.

Kafin inshora ta ƙara wa mutum awanni, sai ta turo nas ta zo ta auna tsufansa da idonta. Ƙawata da muke haya tare a unguwar University Heights, 'yar Zangon Kumasi ce kuma ta riga ni shiga aikin nan, ita ta zaunar da ni ta karanta min yadda ake yi. Ta ce ba ƙarya za ku yi ba, gaskiya kawai za ku bari a gani. Ranar kar in taje mata kai, kar in gyara gida, kar ta shafa komai a fuska, sandarta mai ƙafa huɗu ta tsaya a tsakiyar falo. Na je na faɗa wa Mama tiryan-tiryan. Ta saurare ni da fuskar nan tata, tana gyaɗa kai, har na ji a raina na iya bayani.

Ranar da nas za ta zo na shiga gidan na tarar da ikon Allah. Mama ta tashi tun asuba, ta sa riga da siket shuɗɗa masu kafaɗa, ta ɗaura sarƙa, ta gyara gashi, janbakin nan har ya fi na kullum ja. Na nemi sandar sama da ƙasa, sai a bayan labulen wanka na gan ta. Ina cikin jawo ta aka danna ƙararrawa, kafin in fito Mama ta riga ta buɗe ƙofa.

Nas ɗin yarinya ce, da jaka a kafaɗa da 'yar kwamfuta a hannu, idonta duk gajiya. Mama ta zaunar da ita a kujerar nan mai laushi, ta shige kicin, ta fito da tire. Matar da na daɗe ban ga ta yi taku uku ba dogari ba, ita ce ta ratsa falo a miƙe kamar sanda. Ni ina biye da ita na ware hannuwa kamar mai tarar kaza. Ko ɗigo bai zuba ba.

Nas ta tambaye ta yau wace rana ce. Mama ta faɗa daidai har da wata da shekara. Sai daga baya na lura da jaridar da ta naɗe ta ajiye a gefen tiren, daidai inda idonta zai sauka. Nas ta tambaye ta ko tana iya wanka da kanta. Mama ta karkata kai, ta dube ta da kyau, ta ce, "Ke kuwa 'yata, yaushe rabonki da barci mai daɗi?"

Shi ke nan, aka gama da mu. Ina tsaye ina kallo yarinyar nan ta ajiye kwamfutar a cinya, ta fara da cewa ɗanta ne yake fama da asma, ta gangaro kan mijinta da yake aikin dare, ta sauka a kan mahaifiyarta da ta bari a ƙasarsu ba lafiya. Mama ta miƙa mata hankici, ta ƙara mata shayi. Na yi tari, na yi gyaran murya, na je na ɗauko sandar na dangwarar a tsakiyar falo. Mama ta dube ni ta ce in kawar da abin nan kar baƙuwa ta yi tuntuɓe.

Da nas ta share ido ta tuna abin da ya kawo ta, sai ta juyo kaina. Ta ce ke da kike tare da ita kullum, yaya kike ganin jikinta? Ga Mama a zaune, ido cikin ido.

To mu a wurinmu ba a cewa majinyaci jikinsa ya yi tsanani yana ji. Ba a yi. Na ga gwaggona kwance ba ta ko iya ɗaga hannu, duk wanda ya shigo dubiya ya tambaya sai mu ce da sauƙi, ita ma in ta samu numfashi ta ce da sauƙi. Da wannan aka raine ni. Kafin in yi tunanin abin da ƙawata ta karanta min, bakina ya riga ya faɗa da Turanci cewa jiki da sauƙi, mun gode Allah. Ta ce abinci fa? Na ce tana taɓawa. Ta ce faɗuwa fa? Na ce Allah Ya tsare. Ta rubuta babu. Ta rungume Mama, ta ce da ma duk tsofaffinta haka suke, ta tafi tana murmushi.

Ƙofa tana rufuwa ƙafafun Mama suka ƙi ɗaukarta. Da ƙyar na tare ta na kai ta gado, ta yi kwanaki ba ta iya tashi ba sai na ɗaga ta. Da amsar inshora ta zo, ba ƙarin awanni ba ne. Ragewa suka yi, wai an ga ci gaba. Ɗan ƙanen ya bugo muryarsa a sanyaye, ya ce ya fara neman gurbi. Ƙawata da na ba ta labari ta yi dariya har ta sarƙe, da ta dawo hayyacinta kuma ta wanke ni tas, ta ce tunda take ba ta taɓa ganin mutum biyu da suka haɗa kai suka cuci kansu irinmu ba.

Da wannan zafin na tafi aiki. Ina shiga na sauke wa Mama kwandon faɗa. Na ce ke da kika ƙarar da rayuwarki kina kwaikwayon abin da ba ke ba, ciwon da yake jikinki na gaskiya shi ne kika kasa nunawa? Wa ya ce ki ɗauko tire? Wa ya aike ki tambayar barcin nas? Ta bari na gama tsaf, sannan ta ce, "Ni kuma wa ya ce ki ce na samu sauƙi?" Na tafi kicin na wanke kwanukan da na riga na wanke.

Da na dawo ta ce in zauna. Ta ce ta yi nas a gefen gadon majinyata sun fi a ƙirga, amma ba a taɓa ba ta majinyaciya ba, domin mai kwanciya a gado ana kallonta ita ce jaruma. Ta ce ba girman kai ba ne, da baƙo ya shigo bayanta da kansa yake miƙewa, ba ta san yadda za ta hana shi ba, kuma a shekarunta ba za ta koya ba. Abin da ta iya shi ne ta jefa wa mutum tambaya ta saurara. Saboda haka in aka sake turo nas, ni ce zan yi maganar. Ita za ta riƙa miƙo min tambayar.

Ɗan ƙanen ya ɗaukaka ƙara, aka ce za a turo wata. Muka shiga gwaji, ni da ban taɓa ko wasan makaranta ba. Wallahi matar nan da ta yi darakta da ta kashe mutane. Tana zaune da cokali da kofi, ta tambaye ni ko tana faɗuwa. In ce tana faɗuwa, ina kallon ƙasa. Ta buga kofi, a sake, ba da kafet kike magana ba. In ɗago in ce tana faɗuwa amma ba sosai ba. Ta buga kofi, wa ya sa miki amma? Ta hana ni murmushi, ta hana ni ban haƙuri, ta zo za ta hana ni addu'a na ce a nan kam ba za mu shirya ba. Muka daidaita a kan in yi addu'ata a zuci, da Hausa, bayan na kai ƙarshen magana. Maganar kunzugu ita ta fi ba ni wuya, sai da na riƙa maimaita ta a jirgin ƙasa. Wata safiya ina ta cewa tana fitsari a kwance, tana fitsari a kwance, ban san a fili nake yi ba sai da mutumin da ke kusa da ni ya tashi ya canza kujera.

Wata Asabar na jawo ƙawata ta zo ta yi mana nas don mu gwada. Ta shigo da fuska a murtuke da biro a hannu. Ban gama dafa ruwan zafi ba na jiyo ta tana ba Mama labarin filin da 'yan uwanta suka cinye mata a Kumasi. Na leƙo na ce to, mai wanke mutane, yaya? Ta ce tsohuwar nan ba ita kaɗai take ba, in yi hankali.

Kan janbaki kuwa Mama ta kafe. Ta ce ko gawa ta fito a fim da janbakinta. Muka yi ciniki: janbaki ya zauna, sarƙa da shuɗiyar riga su koma akwati, jarida ta bar falo, sanda ta tsaya inda kowa zai gan ta, kuma ba tire.

Nas ta biyu dattijuwa ce mai gilashi, irin waɗanda sun ga komai. Kafin ta zo Mama ta sa na matsar da kujerata gaban taga inda haske yake, ita ta zauna gefe, rabin bayanta ga baƙuwa. Nas ta zauna ta buɗe kwamfuta, ta tambayi Mama ko tana iya wanka da kanta. Na ga bayan Mama ya fara miƙewa, na ga leɓenta ya motsa. Sai ta juyo gare ni a hankali ta ce, "Yarinya, ina iyawa?"

Na ce ba ta iyawa. Muryata ta fito kamar ta aro, amma ta fito. Haka muka bi su ɗaya bayan ɗaya, nas ta tambayi Mama, Mama ta miƙo min, ni in faɗa. Na faɗi faɗuwar banɗaki da yadda ta kwanta a kan tayil har na iso. Na faɗi tukunyar da ta ƙone. Na faɗi maganar kunzugu ina kallon gilashin nas, ban ce amma ba. Duk wannan Mama tana kallona, tana ɗan gyaɗa kai, kamar labarin wata ake ba ta kuma tana tausaya wa matar. Na ji kunya kamar in nutse, amma wannan kallon ne ya riƙe ni.

Sai nas ta yi tambayar da ba mu gwada ba. Ta ce ko ta taɓa fita daga gida ta rikice, ba ta san inda take ba? Ƙawata ta taɓa faɗa min cewa a kan wannan tambayar ake ba da mai kwana ko a hana. Mama ta juyo da ɗan murmushinta, hankali kwance, domin ta san amsar. Ta ce, "Na taɓa?"

Akwai abin da ban taɓa faɗa mata ba, ban faɗa wa kowa ba. Na dubi nas na faɗa. Na ce wata safiya cikin tsananin sanyi na shigo na same ta a ƙasan bene, zaune a bencin bakin ƙofa. Ta ɗora kwat a kan rigar barci, jakarta a cinya, takalmi a ƙafa ɗaya, ɗayar ba komai. Ta ce min motar da za ta kai ta wurin ɗaukar fim ta makara, kuma darakta ba ya son jira. Mai gadi ya ce tun gari bai gama wayewa ba take wurin. Na ce mata an bugo an ɗaga aikin, na hau da ita, na gasa mata ƙafa, ta yi barci, da ta farka ba ta tuna komai ba. Na ce kuma ba sau ɗaya ba ne, ya sake faruwa.

Nas ta daɗe tana rubutu. Fuskar Mama ko gezau, tana nan tana gyaɗa kai.

Da baƙuwa ta tafi Mama ta fara ba ni gyara. Ta ce na yi gaggawa a wurin banɗaki, na haɗiye ƙarshen maganar tukunya, kuma hannuna ya cika wasa da mayafi. Sannan fuskarta ta washe. Ta ce amma maganar motar nan, a ina na samo ta? Ta ce takalmi ɗayan nan shi ya kama nas, ita kanta sai da tsigar jikinta ta tashi, ba ta san na iya ƙirƙira haka ba.

Na sunkuya ina gyara matashin kujerar da ba abin da ya same shi. Ita kuwa matar da ta ƙarar da rayuwarta tana sauraron mutane, shirun nan ma ta ji shi.

Can ta ce, "Wane takalmi ne?"

Na ce baƙin nan mai maɗauri.

Ta ce, "Shi nake sawa in zan je aiki." Ta dubi tafin hannunta ta daɗe. Na zaci kuka za ta yi, ni kam nawa ya riga ya zubo. Sai ta ɗago ta ce gyara ɗaya ya rage. In abin ya sake faruwa kar in ce mata an ɗaga aiki, domin wanda aka ɗaga wa aiki gobe ma zai fito jira. In ce mata an riga an ɗauka, kuma ta yi daidai.

Inshora ta yarda. Aka ba mu yini guda, aka kawo mai kwana, ɗan ƙanen ya daina neman gurbi. Mama ta ci gaba da zama a gidanta, tana kirana in zo in ga gefen kunnenta a talabijin.

Wata la'asar ina ninke kaya a ɗaki na ji motsi a bakin ƙofa. Na fito na same ta a tsaye da kwat da jaka, tana kokawa da sakata, tana cewa ta makara, za a fara ba ita. Na matsa kusa na dafa hannunta. Na ce an gama ɗauka Mama, darakta ya ce kin yi daidai, ba sai an sake ba.

Ta tsaya tana kallona. Ta ce, "Sau ɗaya?"

Na ce sau ɗaya.

Ta sauke ajiyar zuciya, ta miƙo min jakar, ta ce to ai sai mu tafi gida. Na juya da ita, muka taka a hankali zuwa kujerarta.